Bashin wutar da ba mu sha ba

1/
Zare ne mai ɗan tsawo, ku yi haƙuri. Duk wanda ke shirin kama hayar shago, ko yayansa ko mamarsa na da shago, ya daure ya karanta. Labarin yadda bashin wuta na naira dubu 612 ya kusa cinye kuɗin makarantata ne, alhali lokacin da aka ci yawancin bashin ko ƙofar shagon ba mu sani ba.

2/
Ni ɗan Zuru ne, ina karatun shari'a a Danfodiyo, Sakkwato. Lokacin da abin ya faru ina aji biyu. Aji biyu fa. Amma tun ranar da na samu gurbin karatu 'yan gidanmu suka daina kiran sunana, sai Barista. Ko akuya ce ta shiga gonar wani sai an kira ni a waya.

3/
Tun da Baba ya yi ritaya, Yayana ne ke biya min kuɗin makaranta. Sana'arsa ƙanƙara ce da ruwan leda da lemo, sai zoɓon da Mama ke haɗawa a gida ana kai masa. Firiza uku gare shi. A watan Satumba 2024 ya kama wani shago a bakin hanya, ya biya hayar shekara guda. Yarjejeniyar rabin shafi ce: suna, kuɗi, shaidu biyu, aka shafa Fatiha. Ko kalma ɗaya babu a kan wuta.

4/
Shagon ba shi da mita. Duk wata ana turo takardar bil ta ƙarƙashin ƙofa, da sunan mahaifin mai shagon a jiki, mutumin da ya rasu tun ina firamare. A ƙasan takardar akwai wata lamba mai tsawo. Yaya ya gani a watan farko, ya je ya tambaya. Mai shago ya ce, "Tsohon lissafi ne ɗana, kar ka sa shi a ranka." Shi ke nan Yaya bai sa shi a ransa ba.

5/
Tsakiyar Fabrairu 2025, saura mako biyu azumi, mota ta tsaya da tsani a bayanta. Aka hau falwaya, aka cire waya, aka naɗe ta aka jefa cikin mota. Yaya ya ce yana biya duk wata. Aka nuna masa lambar nan ta ƙasa: 612,000.

6/
Ga wanda bai san harkar ba: abin da manomi ke jira a kaka, shi mai ƙanƙara ke jira a azumi, musamman azumin da ya faɗo cikin zafi. Daga la'asar zuwa magariba layi ake yi. Cinikin wata ɗayan nan ne ke biyan haya, ya biya kuɗin makarantata, ya yi wa yara kayan sallah. Da daddare ya kira ni, bai ko yi sallama ba: "Barista, ka zo gida."

7/
Washegarin da na iso muka je wajen mai shago. Dattijo ne, masallacinsu ɗaya da Baba, matarsa kuma ƙawar Mama ce tun suna 'yan mata. Muka durƙusa muka gaishe shi. Yaya ya ce, "Baba Alhaji, an yanke mana wuta a kan lissafin nan da kuka ce tsoho ne." Ya ce, "To ni na sha wutar? Ku nemi mai waldan da ya zauna kafin ku."

8/
Muka nemo mai walda a sabon wurinsa, can ɗaya ɓangaren gari. Ya ajiye tabarau ya rantse cewa duk wata yana haɗa kuɗin wuta da na haya ya ba yaron Alhaji. Na ce rasit fa? Ya kalle ni sama da ƙasa ya yi dariya. "Ƙanena, tsakanina da Alhaji har sai an yi takarda?"

Yaron Alhajin kuwa yana Legas, wayarsa ba ta shiga.

9/
Aka kai maganar gaban mai unguwa bayan isha'i. Awa uku ana yi. An kawo tarihin kakanni, an kawo wanda ya yi wa wani rakiyar aure, ba wanda ya kawo takarda ko ɗaya sai bil ɗin watan Janairu da na riƙe. Daga ƙarshe mai unguwa ya ce a raba uku, kowa ya kawo dubu 204, a huta. Kowa ya ce madalla. Yaya har ya fara gyaɗa kai.

10/
Ni na ɓata zaman. Na ce, "Ranka ya daɗe, a gafarce ni, amma duk cikinmu ba wanda ya san abin da ke cikin dubu 612 ɗin nan. Na wace shekara ce? Na wane wata? Wa ke cikin shagon a lokacin?"

Wuri ya yi tsit. Baba ya yi min irin kallon da ba sai an fassara ba. Har yau in na tuna sai gabana ya faɗi.

11/
Abin da ya ba ni ƙarfin gwiwa labarin fadar shugaban ƙasa ne. A Fabrairun 2024 kamfanin raba wuta na Abuja, AEDC, ya buga sunayen ma'aikatu da hukumomin gwamnati 86 da yake bi kusan naira biliyan 47, ya ba su wa'adi ko a yanke. Fadar Aso Rock na ciki da miliyan 923. Fadar ba ta ciro kuɗi ta miƙa ba. Sai da aka zauna aka tace lissafi, ya dawo miliyan 342, sannan shugaban ƙasa ya ce a biya.

12/
Na ce a raina, masu baitulmali a hannu ma ba su biya ba sai da suka ga lissafi dalla-dalla, balle mai firiza uku a Zuru.

Kuma kar wani ya ji kunya don an yanke masa wuta. A Agustan 2024 gidan gwamnatin Kaduna aka yanke wa a kan bashin da aka ce ya kai biliyan 2.9, hukumar harajin jihar kuma ta garƙame ofishin kamfanin a kan harajin miliyan 600. Manya ma haka suke yi, sai dai su da janareta mai girman ɗaki.

13/
Kafin gari ya waye masu ba da shawara sun cika shago. Wani ya ce akwai yaron da zai hau ya haɗa da ƙarfe biyun dare, dubu biyar kawai. Na ce wa Yaya, yanzu rigimar bashi muke yi, in ka yi wannan ta koma satar wuta, kuma dokar lantarki ta 2023 tara ko ɗauri ta tanadar wa wannan. Daga mai neman haƙƙi ka koma wanda ake tuhuma.

14/
Wani kuma ya ce a kai mai walda caji ofis, kwana ɗaya a bayan kanta zai tuna inda rasit yake. Wannan ma na hana. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta ce ba a kama mutum don bashi ko saɓa yarjejeniya kawai. Na san ana yi. Amma ranar da mutumin ya samu lauya, kai da ka kai ƙarar ne za ka biya diyya.

15/
Gaskiya a aji biyu ba a koya mana komai a kan bil ɗin wuta ba. Kwana na yi ina karanta shafin NERC, hukumar da ke sa ido kan harkar lantarki, har datata ta ƙare. Sannan na kira wani malaminmu. Ya ce rigima biyu ce ka haɗa wuri guda. Tsakaninku da kamfani akwai hanyarta: sashen koke-koken kamfanin tukuna, in ba a warware cikin ranakun aiki 15 ba sai ofishin Forum na NERC, in bai yi ba sai hedikwatar hukumar. Tsakaninku da mai shago kuwa maganar haya ce, ta kotu ce.

16/
Abubuwan da na tsinta a daren nan sun ba ni haushi, don ban taɓa jin su a bakin kowa a garinmu ba. Kana da damar ƙalubalantar bil. Wanda ba shi da mita in yana jayayya da ƙiyasin da aka yi masa, zai ci gaba da biyan adadin ƙarshe da ba ya jayayya a kai har a gama bincike. Tun Fabrairun 2020 NERC ta sa iyaka ga abin da za a ƙiyasta wa gidaje da ƙananan shaguna marasa mita. Kuma hukumar ta sha faɗa cewa ba a ɗora wa sabon ɗan haya bashin wanda ya tashi.

17/
Na rubuta wasiƙa shafi ɗaya da sunan Yaya. Ranar da ya shiga shagon, kwafin takardar haya, hotunan rasit ɗin POS da ya biya, da roƙon a ba mu tarihin asusun wata bayan wata. A ƙarshe na sa layi guda: in ranakun aiki 15 suka cika za mu tafi ofishin Forum a Birnin Kebbi.

Na yi kwafi biyu, na tsaya sai da aka buga min hatimi da kwanan wata a nawa. Don Allah ku riƙe wannan. Koken baki iska ce ke ɗauka.

18/
A yi adalci, ma'aikacin da ya karɓi wasiƙar mutumin kirki ne. Ya karanta har ƙarshe, ya sake komawa kan layin Birnin Kebbi, ya ce mu dawo bayan mako guda. Da muka koma ya miƙo mana shafi huɗu. A kan benci a waje na zauna da biro, na raba lissafin gida uku.

19/
Na farko, zamanin mai walda, har ƙarshen Yunin 2023: dubu 331. Akwai watanni takwas a jere da ko sisi bai shiga asusun ba. Ko shi ne bai bayar ba, ko yaron Alhaji ne ya karɓa ya ci, takarda ba ta faɗa ba, ni ma ba zan ɗau alhakin kowa ba.

20/
Na biyu shi ya fi ba ni mamaki. Daga Yulin 2023 zuwa Agustan 2024 shagon a kulle yake da kwaɗo, ko ƙwan fitila ba a kunna ba. Amma duk wata dubu 17 na hawa. Wata 14, dubu 238. Dalili? Ba mita, waya na nan a haɗe, kuma ba wanda ya rubuta ya ce an tashi. A littafinsu marigayin nan yana nan yana shan wuta.

21/
Na uku kuma, to. Dubu 43, na Yayana. Bil na zuwa dubu 17, shi kuma yana tura yaro da dubu takwas, wani watan goma. Na nuna masa. Ya ce, "Wutar da ba ta zama zan biya cikakke?" Na ce Yaya, da ka rubuta ka ƙalubalanta da kana da magana. Biyan rabi a yi shiru sunansa bashi.

Ya ce ashe shi ya biya kuɗin karatun da ake masa shari'a da shi. Ranar bai ci abinci tare da ni ba.

22/
Amma ku duba: da an bi raba uku, da ya biya dubu 204 a maimakon 43.

Muka biya namu da kuɗin mayar da waya. Sai aka ce tunda asusun na gidan Alhaji ne, ya zo ya sa hannu cewa sauran na wuyansa, a buɗe wa Yaya nasa asusun. Alhaji ya ce ba inda za shi. Ya ce yaron da aka haifa a gabansa ya kunyata shi a gaban mai unguwa.

23/
Ana cikin haka aka ga wata. Na ƙirga ranakun aiki 15 a kalanda, na ƙara da tafiyar Birnin Kebbi ta Mahuta da Koko da Jega, da jiran ranar zama. Na ga kafin a gama an yi sallah. Doka na da agogonta, ƙanƙara na da nata, kuma ba sa tafiya tare.

24/
Yaya ya ɗauko hayar janareta. Lita kusan dubu, firiza uku, yini guda. Kwana biyar ya yi ya mayar, don duk abin da ya shigo gidan mai yake tafiya. Zoɓon Mama ya yi tsami sau biyu aka zubar. Masu kulolin da ke saye wajensa su kai bakin kasuwa duk suka koma wajen wani. Ina zaune a shagon da la'asar ina kallon layi a tsallaken titi.

25/
Shi da kansa ya ce mu je kotu. Ni da ake kira Barista, ni ne na ji tsoro. Muka shigar da ƙarar Alhaji da mai walda tare, muna roƙon a tabbatar da wanda kowane kaso ke wuyansa.

Ranar da sammaci ya isa gidan Alhaji, matarsa ta aiko aka mayar wa Mama da tukunyar da ta ara tun bikin ƙanwata. Ba saƙo, tukunya kawai. Mama ta zauna ta daɗe tana kallonta.

26/
Baba ya kira ni ɗakinsa. Ya ce, "Kai za ka koma Sakkwato, mu ne za mu zauna da mutanen nan. In na mutu Alhaji na cikin waɗanda za su tsaya a sahun gaba. Ka san nawa ne kuɗin wannan?" Ban da amsa. Kwana biyu bai amsa gaisuwata da baki ba, sai da hannu.

27/
Zaman farko mai walda bai zo ba, aka ɗage. Mako guda na azumi ya tafi a haka.

Zama na biyu kowa ya zo. Alƙali ya karɓi shafi huɗun nan ya yi shiru yana bi da yatsa. Ya tambayi Alhaji sunan wa ke kan asusun, ya ce na mahaifinsa. Yaushe ya rasu? Ya faɗa. Da shagon ke kulle kun sanar? Ya ce, "Ya mai shari'a, ban san ana sanarwa ba." Kuma na yarda da shi. Ni ma wata guda kafin nan ban sani ba.

28/
Alƙali bai yanke hukunci a ranar ba. Ya ce dukkanku 'yan gari ɗaya ne, ga wata mai alfarma, ku je ku sasanta ku kawo min a rubuce. Aka koma gaban mai unguwar nan dai, amma wannan karon da takarda a tsakiyar tabarma. Minti arba'in aka gama.

29/
Alhaji ya ɗauki watanni 14 na shagon da ke kulle, da niyyar ya rubuta ya nemi a rage masa. Mai walda ya amince da dubu 331, zai riƙa biya kashi-kashi, shi da Alhaji kuma su ji da maganar yaron Legas a tsakaninsu. Yaya ya janye neman diyyar cinikin da ya rasa. Kowa ya sa hannu, kotu ta karɓa a matsayin hukuncinta. Wasiƙar neman ragin ma ni na rubuta wa Alhaji, ta hannun mai unguwa. Bai ce ya gode ba, amma ya sa hannu.

30/
Ranar 19 ga azumi aka mayar da waya. Da firiza ta fara ƙara Yaya ya zauna a kan kiret ya rufe fuska da hannu. Kwana goman ƙarshe ya yi ciniki, amma ba su kai ko'ina ba. Bayan sallah ya sayar da firiza ɗaya, babbar, aka biya min kuɗin makaranta. Bai gaya min ba. A bakin ƙanwata na ji.

31/
Na zauna na yi lissafin da ba na son yi. Dubu 43, kuɗin mayar da waya, kuɗin shigar da ƙara, hayar janareta da mai, da cinikin kwana 18 na azumi. In aka haɗa ya wuce dubu 204 ɗin mai unguwa nesa ba kusa ba. Baba na faɗin haka har yau, kuma a lissafin kuɗi ban isa in ƙaryata shi ba.

32/
Abin da nake ce masa kawai: wa ya tabbatar Alhaji da mai walda za su kawo nasu kason a makon? Da Yaya ya zuba dubu 204 a asusun mamaci, saura dubu 408 na nan, tsani zai sake dawowa. Mai waldan ma da ya sa hannu a gaban alƙali sau biyu ya biya, yanzu wayarsa a kashe take. Sai dai wannan ba matsalarmu ba ce kuma, don asusun Yaya da sunansa yake.

33/
Masu cewa ai shagonsu na da mita mai kati, su ma su duba. Ana iya maƙala tsohon bashi a jikin mita, duk sanda ka sayi wuta a cire wani abu. Kafin ka biya haya ka sayi ta dubu biyu da hannunka, ka karanta rasit ɗin, ka ga ko an zaftare. In ba mita, ka ce a nuna maka bil na ƙarshe, ka kalli ƙasan takardar. In kuma kai ne mai tashi, ka rubuta ka sanar da ranar da ka fita, a buga maka hatimi.

34/
Da Satumba ta zagayo Alhaji ya aiko cewa yana buƙatar shagonsa. Mun san za a yi haka. Yaya ya samu wani, ɗan ƙarami, daidai firiza biyu. Ranar biyan kuɗi ya tafi da ni. Kafin a ƙirga ko naira ɗaya ya ce a kawo bil, ya ɗauki hoton mita, ya sa na ƙara layi uku a takardar haya: adadin da mita ke nunawa a ranar, cewa bashin baya na mai shago ne, da sa hannun shaidu a ƙasan wannan ɗin ma.

35/
Sabon mai shagon ya karanta sau biyu, ya cire tabarau ya kalle ni. Ya ce wa Yaya, "Wannan ne yaron da ya kai Alhaji kotu?" Yaya ya ce, "Shi ne, Baba." Ya yi jim, sannan ya ce a miƙo masa biro.

Mama da matar Alhaji sun gaisa a wani suna watan jiya, sama-sama. Tukunyar dai tana nan a ɗakin girki, ba wanda ya sake zuwa aro.